Zaman da Aka Yi Babu Ni

Daga bakin mai gadi na fara jin an kore ni. Na iso ƙofar matatar ruwa da safe, farar rigar aikina a ninke a hannu, sai ya tashi daga bencinsa ya tsaya a tsakiyar ƙofa yana kallon takalmina.

"Malama, ki yi haƙuri. An ce kada in bari ki shiga."

"Wa ya ce?"

"Daga sama ne."

A hukumar ruwa kowa ya san sama. Ofishin Darakta ne a hedikwata, can cikin gari, inda labule ba ya buɗewa kuma na'urar sanyi ba ta hutawa. Da hantsi masinja ya kawo takardar a kan babur, ya miƙo mini ita a nan bakin ƙofa, bai ko kashe injin ba. Gajeruwa ce. Wai kwamitin tantance takardun ma'aikata ya gano digirina na jabu ne, an gayyace ni in kare kaina na ƙi zuwa, don haka an sallame ni.

Ni ce mai gwajin ruwa a matatar. Kafin ruwa ya bi bututu ya shiga gidajen mutane sai na ɗebe shi a kwalba, na duba laka, na duba ko maganin kashe ƙwayoyin cuta ya isa, sannan in sa hannu. Da na zo na tarar da wata al'ada: idan sinadaran gwaji suka ƙare, kuma kullum ƙarewa suke, sai a kwafi sakamakon makon jiya a canza kwanan wata. Na ƙi. Darakta ya kira ni ya ce duk wanda ya zauna a kujerar nan haka ya yi, ruwa kuwa bai kashe kowa ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, hannuna ba hatimi ba ne." Akwai baƙi a ofishin. Ɗaya ya yi dariya. Darakta ma ya yi dariya, har ya ce yana son ma'aikaci mai tsage gaskiya. Ni kuwa na fito ina jin kaina kamar na ci gari da yaƙi.

Ranar da kwamitin ya zauna ina can madatsa, tafiyar rabin yini daga gari, wurin da waya ba ta shiga. Darakta ne ya kira ni da kansa da sassafe. Ya ce ruwan madatsa ya canza launi, manya sun damu, kuma hannuna kaɗai ya yarda da shi. Na wuni cikin kwale-kwale da kwalabe, rana ta ƙona mini wuya, ina ta murna an san darajata. A daidai lokacin ana can ana kiran sunana a barandar hedikwata. A hukumarmu ba a ba ƙaramin ma'aikaci gayyata hannu da hannu. Shugabansa ake ba, shi zai sa hannu cewa ya sanar. Darakta ya sa hannu.

Maganar digirin kuwa, sai daga baya na gane yadda aka yi. A kwalejin kimiyya na yi karatu, amma kwalejin a ƙarƙashin wata jami'a take. Mu zauna aji a kwaleji, jami'a ta ba da digiri. Kwamitin ya ga sunan kwalejin a fayil ɗina, ya buga musu waya ya tambaya ko su suka ba da wannan shaida. Aka ce musu kwaleji ba ta ba da digiri. Gaskiya aka faɗa musu. Da sun tambaye ni, da kafin shayinsu ya huce an wuce wurin.

Babana mai gyaran agogo ne. Shagonsa a zauren gidanmu yake, teburi ɗaya da fitila da ƙananan sukurori a cikin murafan kwalba. Da na ba shi takardar ya cire gilashin idonsa na aiki, ya karanta, ya sake karantawa, ya ninke ta a kan tsohon ninkinta.

"Uwata," haka yake kirana, don sunan mahaifiyarsa na ci, "ki bar wa Allah. Mai haƙuri yakan dafa dutse."

"Baba, zan dafa shi. Amma ba ni zan sha romon ba."

Goggo, yayarsa da ke zaune tare da mu tun rasuwar mahaifiyata, ta leƙo daga tsakar gida da tsintsiya a hannu. "Ka ji ta ko? Tun tana rarrafe haka take. Yarinyar da ta ciji mai yi mata allura, ita za ka ce wa ta yi haƙuri?"

Ba korar ce ta fi ci mini rai ba, kalmar jabu ce. Na san daren da na kwana a kan littafi, na san shekarun da Baba ya yi yana sunkuye a kan agogunan mutane har bayansa ya ƙi miƙewa. Yanzu unguwa ta samu abin taunawa. Matar da nake koya wa 'ya'yanta lissafi da yamma ta aiko cewa yaran sun gaji, a ɗan dakata. Dakatawar ke nan. Tsofaffin abokan aikina idan suka hango ni a kasuwa sai waya ta kama su. Ɗaya kaɗai ta tsaya, ita ma abin da ta ce shi ne, "Ke ma dai da taurin kai. Me sa hannu zai rage miki?"

Da damina ta kama, ruwan famfo ya fara zuwa ja kamar shayi. Wata rana ina tsaye da bokiti a famfon bakin titi, wata maƙwabciya ta ɗaga kofi sama tana nuna wa sauran mata.

"Ai dole. An ce shekara da shekaru mai takardar jabu ce ke gwada mana ruwa."

Ta san ina bayanta. Na ce, "Anti, lokacin da mai jabu ke gwadawa fari kike sha. Wannan na masu takardar gaskiya ne, ki sha a hankali." Matan suka kwashe da dariya, ni ma na yi. Da na shiga gida na rufe ƙofar banɗaki na yi kuka, na wanke fuska, na fito. Goggo ta kalli idona ta ce hayaƙi ne ko, na ce hayaƙi ne. Ba a hura wuta ba ranar.

Ƙungiyar ma'aikata ce ta haɗa ni da Barista, wata gajeruwar mata mai saurin magana, wadda ofishinta ke saman wani shagon taya. Ta saurare ni har na gama, ita ce mutum ta farko da ta yi hakan. Na ce ina son kotu ta faɗa wa duniya digirina na gaske ne.

"Ba wannan za mu nema ba," in ji ta.

"To me na zo yi?"

"Ƙanwata, saurara. Ko da a kasuwa kika sayo digirin nan, ba su da ikon korar ki sai sun faɗa miki laifinki, sun ba ki lokaci, sun zauna sun ji ta bakinki. Ba su yi ba. Nan za mu kama su."

"Ni ba a kasuwa na sayo ba."

"Na sani. Amma wannan ba ni zan faɗa ba, ba alƙali zai faɗa ba. Ke za ki faɗa, a gabansu, suna zaune."

Wannan kalma ta suna zaune ita ta riƙe ni. Da ita na yi ta hawa motar haya zuwa kotu ana ɗage zama. Yau lauyan hukuma ba shi da lafiya, gobe alƙali ya tafi taro, jibi fayil ya ɓata an gano shi a wani ɗaki. Na san kowace tsaga a bangon barandar kotun. Damina ta wuce, wata ta kawo kai. Takalmina na aiki ya mutu a wannan hanya. A mota, a layin famfo, a kan tabarma, abu ɗaya nake yi: ina tsara tambayoyin da zan yi wa Darakta, ina goge su ina sake ɗaurawa, kamar yadda Baba ke wasa ƙaramin sukudireba.

Ranar hukunci alƙali bai yi dogon bayani ba. Ya ce shi bai ce takardata ta gaske ce ba, bai ce ta jabu ce ba. Abin da ya gani shi ne an yanke wa ma'aikaciya hukunci ba a ji ta bakinta ba, kuma sa hannun shugaba ba ya zama kunnen ma'aikaci. Ya soke korar. Ya ce idan hukuma na da tuhuma, ta sake zama, ta gayyace ni hannu da hannu, ta ba ni damar kawo hujja da yi wa duk mai ba da shaida tambaya.

Ba a yi mako ba sai ga baƙar mota a ƙofar gidanmu. Darakta da kansa. Ya cire takalmi a bakin zaure, ya zauna a kan tabarmar Baba, tumbinsa ya hana shi tanƙwashe ƙafa. Goggo ta kawo masa ruwa a kofi, na famfo, ba ta tace ba. Ya kalle shi ya ajiye.

"Baba," ya ce, alhali da kyar in Baba ya girme shi, "yarinyar nan 'yata ce. Kuskure aka samu, ɗan Adam ajizi ne. Na yi magana da manya. Ta koma aiki ranar Litinin, a mayar mata da duk haƙƙinta, har da ƙarin matsayi. Ba sai an sake wani zama ba. A rufe maganar, a huta."

Baba ya juyo gare ni. Na ga gajiyar da ke fuskarsa. "Uwata, babba ya tako har gida."

Wallahi na so in ce to, saboda shi. Amma idan na koma ta ƙofar baya, har in mutu za a ce roƙo aka yi aka rufa mini asiri. Kalmar jabu tana nan a fayil, tana nan a bakin famfo.

"Ranka ya daɗe, na gode da tattaki. Kotu ta ce a zauna. Ni mai biyayya ce."

"Zama ba ya da daɗi, 'yata. Ana tono abubuwa."

"Ai ruwa ba ya tsami banza. A tono."

Ya tashi da kyar, ya dafa bango. Da motar ta tafi Baba ya juya mini baya ya koma teburinsa. Ya zauna yana buɗe agogon da ya riga ya gyara. Goggo ce ta zo ta zauna kusa da ni ta ce a hankali, "Idan kika faɗi, kin kashe tsohon nan. Kin sani ko?" Na ce na sani.

An yi zaman a ɗakin taro na hedikwata, dogon teburi mai koren ƙyalle, fanka ɗaya na juyawa ɗaya ta mutu. Shugaban kwamitin wani dattijo ne mai kaurin tabarau, shi ya jagoranci zaman farko, kuma yana cikin majalisar gudanarwar hukumar. Darakta na gefe a matsayin mai ba da shaida, ya sha babbar riga, yana ta danna waya. Barista ta zauna kusa da ni ta ce ita yau 'yar kallo ce.

Na ajiye digirina a kan teburi. Na bayyana musu yadda kwaleji take da jami'a. Na ce kada su yarda da ni, su buga wa jami'ar waya yanzu, a gabana, su buɗe murya kowa ya ji. Sakataren kwamiti ya buga. Aka ce mu jira. Muka ji ƙarar buɗe durowa, muka ji wata mata na tambayar wani ina makulli. Sannan ta dawo ta karanto sunana, da shekarar da na gama, da darajar da na fita da ita. Ɗaya daga cikin 'yan kwamitin ya sunkuyar da kai yana wasa da biro.

Shugaban ya cire tabarau ya goge. "To, alhamdu lillahi. Magana ta ƙare. Malama, kwamiti na ba ki haƙuri. Sakatare, rubuta cewa..."

"Ban gama ba, ranka ya daɗe."

"Ai an wanke ki."

"An wanke takardata. Saura ni. An rubuta cewa an gayyace ni na ƙi zuwa. Kotu ta ce ina da damar yi wa mai shaida tambaya."

Ya kalli Barista. Barista ta kalli fanka. Ya mayar da tabarau ya ce in yi.

Na juya kujerata har ta fuskanci Darakta. Shekara da wani abu ina jiran wannan juyin.

"Ranka ya daɗe, kai ka sa hannu cewa ka sanar da ni?"

"Haka tsari yake."

"Ba tsari na tambaya ba. Ka sanar da ni?"

"An daɗe. Ma'aikata na da yawa."

"To bari in taimaka maka. Ranar da kwamiti ya zauna, ina nake?"

"Ina zan sani? Ba na bin ma'aikaci da igiya."

"Ba ka san inda nake ba."

"Na ce ban sani ba."

Sannan na juya ga shugaban. "Ranka ya daɗe, a wancan makon ne ruwan madatsa ya canza launi, majalisarku ta yi taron gaggawa. Aka kira ni na tsaya a bakin ƙofa da kwalabe, ko za a buƙaci bayani. Kana zaune a hannun dama. Ka tuna abin da Darakta ya faɗa muku?"

Darakta yana da wata ɗabi'a da duk hukumar ta sani: ba ya bari aikin kirki ya wuce bai ɗora sunansa a kai ba. Ko kwan fitila aka canza a baranda sai ya ce shi ya ba da umarni. A wancan taron ya miƙe ya bugi ƙirji ya ce, shi da bakinsa, tun da sassafen Talata ya tura ma'aikaciyarsa madatsa, bai ko jira direba ya karya ba. Aka tafa masa.

Na ga lokacin da abin ya faɗo wa dattijon. Ya daina motsi. "Talata," ya ce. "Mu ma Talata muka zauna. Ni na ce a ƙara kiran sunanta a baranda." Ya juya a hankali. "Darakta, kai ka ce mana tana gari, girman kai ne ya hana ta zuwa."

Darakta ya ajiye wayar. Gumi ya tsattsafo masa a ƙarƙashin hula. "Ranka ya daɗe, wannan ba shi ne abin da ya tara mu ba. Ina ganin a bar shi zuwa wani lokaci."

Shugaban ya buɗe baki zai yarda, don su manya ba sa son ganin ɗan'uwansu a rana. Na riga shi.

"A'a, a bar shi ya yi bayani. Kada a katse shi. Ni na san zafin a yanke wa mutum hukunci bai yi magana ba, ba na so a yi masa haka. Ranka ya daɗe, muna jin ka. Sakatare na rubutawa."

Barista ta yi tari ta rufe baki da gyale.

Ya yi magana kuwa. Ya ce ya manta. Ya ce aiki ne ya yi yawa. Ya ce shi bai ga gayyatar ba sai da yamma, sakatare ya tuna masa cewa sa hannunsa na ɗauke da kwanan watan jajibirin zaman. Ya ce yarinyar ba ta da ladabi, ta sha ƙin sa hannu a sakamakon gwaji. Shugaban ya ce wane sakamako, me ya sa ta ƙi? Darakta ya sake ɗaukar wayarsa. Na ce idan ya gaji ni zan iya ƙarasa masa. Aka ce in ƙarasa. Na faɗi maganar sinadaran da ba a saya, da kwafin makon jiya, da jan ruwan da unguwarmu ta sha damina guda. Ban ɗaga murya ba. Ban tsallake komai ba. Duk lokacin da ya yunƙura zai katse ni sai shugaban ya ɗaga masa hannu, ni kuwa in jira hannun ya sauka, in ci gaba daga inda na tsaya.

Kafin la'asar aka karanta matsaya. An goge tuhumar daga fayil ɗina, kuma za a liƙa sanarwar wanke ni a hedikwata da matatar ruwa, don na ce a inda aka ɓata ni nan za a gyara. An dakatar da Darakta, an miƙa maganarsa ga wani kwamiti.

A matakala ya tare ni. Babbar rigar ta yi masa nauyi, ya tattare ta a kafaɗa ɗaya.

"'Yata, kin samu abin da kike so. Idan suka kira ki shaida, ki tuna ina da iyali."

"Ni ma ina da su, ranka ya daɗe."

"Ba sai kin zo ba. Kina iya cewa aiki ya riƙe ki."

"Zan zo," na ce. "Ka dai tabbata an ba ka taka gayyatar a hannunka. Ka zo da wuri, ka faɗi duk abin da ke bakinka, ba wanda zai hana ka. In ka gama, ni ma ina da sauran tambayoyi."

Na raɓa ta gefensa na sauka. Barista na ƙasa tana jira, ta tare mana mai babur, tana ta faɗa da shi a kan ya kawo hular kwano ta biyu.